DARASIN WANNAN FITOWA: WATA BAKWAI A ƘARƘASHIN MAMAYA, YADDA MUTANEN KUWAITI SUKA RAYU



Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa (SAW) da alayensa da sahabbansa. Bayan haka, 'yan'uwa matasa maza da mata, darasinmu na wannan fitowa ya shafi wata tambaya da ba kasafai ake yin ta ba idan ana ba da labarin yaƙi. Galibi akan lissafa mana jiragen sama da tankoki da sunayen manyan hafsoshi, amma ba a cika gaya mana yadda maigida da uwargida da ɗalibi da limamin unguwa suka kwana suka tashi ba, a lokacin da sojan wata ƙasa yake tsaye da bindiga a bakin layinsu. Wa ya gasa burodi? Wa ya kwashe shara? Wa ya yi wa mamaci sutura? Za mu ɗauki misali guda mu dube shi da kyau, wato mamayar da Iraƙi ta yi wa Kuwaiti daga 2 ga Agusta 1990 zuwa 26 ga Fabrairu 1991. Muna roƙon a karanta a tsanake, sannan a tattauna tambayoyin da ke ƙarshe a zaman halƙa.

YADDA ABIN YA FARO

Kuwaiti ƙaramar ƙasa ce a bakin tekun Fasha, mai arzikin man fetur, tana iyaka da Iraƙi ta arewa da Saudiyya ta kudu. A 1990 mazaunanta sun kai kimanin miliyan 2, amma 'yan ƙasa ba su kai kashi ɗaya cikin uku ba. Sauran baƙi ne 'yan ci-rani, Falasɗinawa da Misirawa da Indiyawa da sauransu, kuma su ne mafi yawan malaman makaranta da ma'aikatan jinya da direbobi da masu gasa burodi da masu shara. Mai karatu ya riƙe wannan batu, domin zai dawo mana har sau biyu.

Iraƙi ta fito daga yaƙin shekara takwas da Iran (1980 zuwa 1988) da bashi ya yi mata katutu, kuma Kuwaiti na cikin manyan masu bin ta. Shugaba Saddam Husaini ya zargi Kuwaiti da haƙo mai fiye da kasonta har farashi ya faɗi, da kuma satar mai daga filin Rumaila da ke kan iyaka. Ya kuma farfaɗo da tsohuwar da'awar cewa Kuwaiti yanki ce ta Basra. Da tsakar daren Alhamis 2 ga Agusta, cikin watan Muharram 1411, sojoji kimanin 100,000 suka tsallaka iyaka. Sarki Jabir al-Ahmad al-Sabah ya tsallake zuwa Saudiyya, inda gwamnatinsa ta zauna a Ɗa'ifa, ƙanensa Fahad kuwa aka kashe shi a fadar Dasman a ranar farko. Ranar 8 ga Agusta Bagadaza ta ce ta haɗe ƙasar, ranar 28 ga wata kuma ta mai da ita lardi na 19 na Iraƙi, ta sauya wa babban birnin suna zuwa Kazima. Aka naɗa Ali Hasan al-Majid, ɗan'uwan Saddam, ya zama gwamna.

Abin lura a nan shi ne, wanda ya yi mamayar Musulmi ne Balarabe, wanda aka mamaye ma haka. Ɗaya alƙibla, ɗaya harshe. Wannan bai hana kwasar ganima daga babban banki da gidan tarihi da jami'a da asibitoci ba, bai kuma hana kamu da azabtarwa ba.

MAKAMI NA FARKO: ƘIN BA DA HANNU

Duk mai mamaya yana bukatar abu guda da bindiga ba ta iya ba shi, wato 'yan ƙasa sanannu da za su tsaya kusa da shi su ce sun yarda. Saddam ya ɗauka zai same su a sauƙaƙe, domin kuwa akwai rikici a cikin gida. Sarki ya rushe majalisar dokoki tun 1986, kuma a 1989 da 1990 'yan adawa sun yi ta taruwa a diwaniyyoyi suna neman a dawo da ita, har 'yan sanda suka tarwatsa su. Diwaniyya ɗakin taro ne da manyan gidaje ke da shi, kamar dai zaure a wurinmu. To amma da aka nemi waɗannan 'yan adawa su kafa gwamnati a ƙarƙashin Iraƙi, ba a sami ko ɗaya mai suna da ya amsa ba. Har Faisal al-Sani, tsohon ɗan majalisa wanda ɗan jam'iyyar Ba'as ne irin ta Saddam, ya ƙi. Aka tafi da shi, bai dawo da rai ba. Daga ƙarshe sai wasu ƙananan hafsoshi da ba wanda ya san su aka tara a ƙarƙashin Ala Husaini Ali, gwamnatin da ba ta yi ko mako guda ba aka naɗe tabarmarta. Hausawa na cewa sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Bangon Kuwaiti yana da tsaga, amma masu gidan suka toshe ta da jikinsu, suka ajiye rigimarsu har sai baƙon ya fita.

Talakawa ma suka bi sahu. Aka umurci ma'aikatan gwamnati su koma bakin aiki, mafi yawan 'yan ƙasa suka zauna a gida, in ban da masu aikin asibiti da ruwa da lantarki da kashe gobara, waɗanda barin aikinsu zai cuci jama'a ne. Iyaye suka ƙi kai yara makarantun da aka sauya wa manhaja, har shekarar karatu ta wuce a banza, bayan yaƙi sai da aka haɗe karatun shekara biyu a cikin ɗaya. Matasa suka bi dare suka ciccire allunan sunayen tituna da lambobin gidaje, don sojan da aka aiko kama wani ya rasa inda zai nufa. Aka ce kowa ya sauya katin shaida da lambar mota zuwa na Iraƙi, mutane suka yi ta jan ƙafa, har sai da aka hana sayar wa mota mai tsohuwar lamba fetur. Wasu suka jingine motocinsu, wasu kuma tilas ta sa suka sauya don kai mara lafiya asibiti ko ɗauko abinci.

Akwai kuma wani aiki na shiru da ya yi nauyi ƙwarai. Ganin ana neman rikita wane ne ɗan ƙasa wane ne ba ɗan ƙasa ba, sai aka fitar da rajistar jama'ar Kuwaiti a ɓoye zuwa waje. Ranar 28 ga Nuwamba 1990 Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya, a ƙuduri mai lamba 677, ya ɗora wa Babban Sakatare ajiye kwafinta. Wato takarda ma fagen fama ce.

MAKAMI NA BIYU: BURODI, SHARA DA MAƘABARTA

Ga dawowar batun baƙi ta farko. Da yaƙi ya ɓarke, dubun dubatar 'yan ci-rani suka bi hamada suka nufi iyakar Jodan, suka yi makonni a sansanoni cikin rana da ƙishirwa. Indiya kaɗai ta kwashe mutanenta kimanin 170,000 da jiragen sama. Sai aka wayi gari gidajen burodi da dama babu mai gasawa, bola ta cika, motar shara ba direba, ga kuma zafin Agusta na ƙasar Larabawa. Mutanen da suka saba a yi musu komai suka ga ba mai yi sai su. Injiniyoyi da ɗaliban jami'a da 'ya'yan attajirai suka shiga gidan burodi suka koyi kwaɓa fulawa, suka tattara shara suna ƙonawa a fili, wasu suka zama masu aski da masu gyaran famfo. Masu aikin sa kai, ciki har da na ƙungiyar agaji ta Hilal Ahmar, suka ɗauki nauyin wanke gawa da haƙa kabari a maƙabartar Riƙƙa.

Amma ƙwazo kaɗai ba ya ciyar da birni. Abin da ya riƙe cikin mutane shi ne kantunan ƙungiyoyin gama kai. Tun 1962 aka buɗe na farko a unguwar Kaifan, daga nan kusan kowace unguwa ta sami nata. Mazauna unguwa ne masu hannun jari, su ke zaɓen shugabanni, kuma ribar tana komawa gare su. Saboda haka ranar da gwamnati ta ɓace, kowace unguwa tana da sito cike da kaya, da littafin sunayen gidaje, da mutanen da aka sani aka kuma yarda da su. Aka tsara rabo gwargwadon yawan iyali, aka ɓoye wani kaso na abinci a gidaje don kada a kwashe, aka bai wa wanda ba shi da kuɗi bashi. Wannan bashi ya zama dole, domin an rufe asusun mutane a bankuna, sannan Bagadaza ta daidaita dinarin Kuwaiti, wanda ya fi dala 3, da dinarin Iraƙi da bai kai kusa da shi ba, daga baya ma ta soke shi gaba ɗaya. Aka riƙa shigo da kuɗi a ɓoye, attajiran da suka zauna su ma suka ba da nasu, ana rabawa gida-gida a asirce.

Masallacin unguwa ya zama ofishin wannan aiki. Shi ne wurin da mutane za su haɗu sau biyar a rana ba tare da soja ya tambayi dalili ba. A nan kwamitocin Takaful, wato na ɗaukar nauyin juna, suke sanin gidan da aka kama maigida, da tsohuwar da maganinta ya ƙare, da matar da ta kusa haihuwa. Babu ɗaya daga cikin waɗannan cibiyoyi, kanti ko masallaci ko diwaniyya, da aka ƙirƙira ranar 2 ga Agusta. Duk an same su a tsaye ne, aka ɗora musu sabon kaya. Ba a fafe gora ranar tafiya.

MURYA DA FARASHINTA

Mata ne suka fara fitowa titi cikin makon farko, ɗauke da tutar ƙasa da hoton sarki. Ranar 8 ga Agusta sojoji suka buɗe wuta kan jerin gwano a unguwar Jabiriyya, aka kashe wata budurwa mai suna Sana al-Fudari. Da titi ya gagara, sai aka koma saman gidaje. A daren da mamaya ta cika wata guda, mutane suka hau rufin gidajensu da tsakar dare suna kabbara, unguwa na amsa wa unguwa, sojoji na harbi. Aka kuma riƙa buga 'yan takardun labarai a ɓoye, kamar Sumudus Sha'abi da Al-Murabiɗun, ana miƙa su hannu da hannu, alhali kuwa wanda aka kama da ɗaya zai iya rasa ransa. Iyalai da dama sun ɓoye Turawan da Iraƙi ke nema don ta ajiye su garkuwa a wuraren da take tsoron a kai wa hari, duk da an shelanta hukuncin kisa ga mai ɓoye su. A duba wannan da kyau: Musulmi ne suka sa wuyansu don kare baƙon da ba addininsu ɗaya ba.

Cikin waɗanda aka fi tunawa akwai Asrar al-Ƙabandi, wadda ta yi karatu a Amurka. Ta yi jigilar kuɗi, ta taimaka wa masu ɓuya, ta kuma riƙa isar da labarin abin da ke faruwa ga kafofin watsa labarai na waje. An kama ta a Nuwamba 1990, aka azabtar da ita, aka kashe ta a Janairu 1991, aka yar da gawarta a ƙofar gidansu.

Akwai kuma waɗanda suka ɗauki makami. A watannin farko an yi ta harbin sojoji daga ɓoye da tayar da bama-bamai a motoci. Martanin ya faɗa kan unguwanni: a ƙone gidan da aka ce harbi ya fito daga wajensa, a kawo saurayin da aka kama a harbe shi a gaban iyayensa. Ganin haka, zuwa watan Oktoba aka rage kai hari a cikin unguwannin jama'a ƙwarai, aka fi mai da hankali ga tattara bayanai da kula da mutane. Wannan hukunci ne mai wuya, kuma ya nuna cewa jarumta tana da lissafi, domin wanda ya harba harsashi ɗaya ya tsere, maƙwabcinsa ne zai biya. Arangama mafi shahara ta auku ne ranar 24 ga Fabrairu 1991 a wani gida a unguwar Ƙurain, inda mutum 19 na ƙungiyar Masila, Sunni da Shi'a tare, suka yi kusan awa goma suna fafatawa da sojoji masu tankoki. Mutum 12 daga cikinsu suka rasu, kwana biyu kacal kafin ficewar Iraƙi. An mai da gidan wurin tarihi, da ramukan harsasai a bangonsa.

Gaskiya ita ce, ba turjiyar farar hula ce ta fitar da sojan Iraƙi ba. Rundunar ƙawance a ƙarƙashin Amurka ce, wadda ta fara ruwan bama-bamai ranar 17 ga Janairu, ta shiga ta ƙasa ranar 24 ga Fabrairu. Abin da farar hula suka yi shi ne hana mamayar samun halasci, da kuma riƙe al'umma da rai har ranar ta zo. Masu ficewa sun cinna wa rijiyoyin mai fiye da 600 wuta, ba a kashe ta ƙarshe ba sai 6 ga Nuwamba 1991. Sun kuma tafi da mutane, fiye da 600 ba su dawo ba, sai bayan 2003 aka fara gano ƙasusuwan wasunsu a manyan kaburbura cikin Iraƙi.

TABO BIYU DA BAI KAMATA A ƁOYE BA

Darasi ba ya cika idan an faɗi mai daɗi an bar mai ɗaci. Tabo na farko ƙarya ce. Ranar 10 ga Oktoba 1990 wata yarinya 'yar shekara 15, da aka gabatar da suna Nayira kawai, ta yi kuka a gaban wasu 'yan majalisar Amurka tana cewa ta ga sojojin Iraƙi suna fitar da jarirai bakwaini daga kwalabensu a asibiti suna barin su a ƙasa su mutu. Shugabanni suka yi ta maimaita labarin don neman goyon bayan yaƙi. A Janairu 1992 aka bayyana cewa 'yar jakadan Kuwaiti ce a Amurka, kuma kamfanin tallata manufa na Hill & Knowlton ne ya shirya fitowarta. Masu bincike ba su sami shaidar labarin ba. Zaluncin da aka yi na gaskiya ya isa hujja, amma wannan ƙari ya bai wa masu musu abin kamawa har yau. Ramin ƙarya ƙurarre ne. Aya ta 6 a Suratul Hujurati ta ɗora mana binciken labari kafin aiki da shi, ko da kuwa labarin yana taimakon ɓangarenmu.

Tabo na biyu shi ne dawowar batun baƙi ta biyu. Kafin mamaya Falasɗinawa a Kuwaiti sun kai kimanin 400,000, da yawansu a can aka haife su. Yasir Arafat ya karkata ga Saddam, wasu Falasɗinawa kuma sun yi aiki da masu mamaya. Amma wasu sun tsaya a asibitoci da tashoshin lantarki, wasu sun ɓoye maƙwabtansu 'yan ƙasa. Bayan 'yanci ba a tsaya rarrabewa ba. Aka yi kamu da duka da kisa ba shari'a, aka kori mutane daga aiki, aka hana waɗanda suka fita dawowa. Cikin shekara biyu waɗanda suka rage ba su kai kashi ɗaya cikin goma ba. Bidun, wato mazauna ƙasar da ba su da takardar zama ɗan kowace ƙasa, su ma dubbansu aka rufe musu ƙofa, alhali da yawansu sojojin Kuwaiti ne. Wanda aka zalunta jiya ya hukunta jama'a guda saboda laifin wasunsu, abin da aya ta 8 a Suratul Ma'ida ta yi gargaɗi a kansa.

Mu 'yan zango a nan Gana wannan ba baƙon labari ba ne. Iyayenmu da kakanninmu suna tuna dokar korar baƙi ta gwamnatin Busia a Nuwamba 1969, wadda ta bai wa marasa takarda mako biyu su fice, kamar yadda 'yan Gana ke tuna korar da aka yi musu daga Nijeriya a 1983. Mun san yadda maƙwabci ke komawa baƙo a dare ɗaya.

Su ma talakawan Iraƙi sun biya abin da ba su ci ba. Takunkumi ya danne su har 2003, kuma diyyar dala biliyan 52.4 da aka ɗora wa ƙasarsu ba a gama biyanta ba sai farkon 2022.

ABIN DA ZA MU ƊAUKA

Ba ma fatan ganin soja a bakin layinmu, Allah Ya kiyaye. Amma ambaliya da gobarar kasuwa da annoba da rikicin zaɓe duk suna yi wa unguwa irin tambayar da aka yi wa Kuwaiti, wato idan hukuma ta yi nisa, me kuke da shi a hannu? Amsar tana cikin abin da aka gina tun ana zaune lafiya. Masallacin da ya san gidajen marayu da zawarawa da tsofaffin da ke kewaye da shi, a rubuce, ya riga ya yi rabin shiri. Asusun jana'iza da adashin da ake karanta lissafinsu a bainar jama'a su ne za a amince wa ranar da kuɗi ya yi wuya. Saurayin da ya iya gasa burodi ko gyaran famfo ko wankan gawa ko taimakon farko ya fi amfani a ranar tsanani bisa ga wanda ya iya jawabi kawai, don haka kada ɗayanmu ya raina kwasar kwata ranar aikin gayya. Saɓanin da ke tsakanin masallatanmu a iya ci gaba da muhawara a kansa da ilimi, amma kada ya kai ga ba za mu iya zama kwamiti ɗaya don rabon abinci ba. Labarin da ya shigo waya yana tayar da hankali a tsaya a bincika kafin a tura. Sannan wanda ya zo zangonmu daga baya, ko daga ina yake, a san sunansa a sa shi cikin lissafi.

TAMBAYOYI DON TATTAUNAWA

1. Me ya sa ƙin amincewar 'yan adawa ya yi wa Bagadaza illa, alhali ba su harba ko harsashi ɗaya ba?

2. Likitan da ya ci gaba da aiki a asibitin da soja ke iko da shi, da magatakardan da ya koma ofis, mene ne bambancinsu? A ina za mu ja layi tsakanin hidimar jama'a da taimakon azzalumi?

3. Idan harin da kake ganin halas ne zai jawo a ƙone gidan maƙwabcinka, wa ke da hakkin yanke shawara?

4. Idan kasuwa ta rufe mako biyu, gidaje nawa ne a layinku za su fara rasa abinci, kuma wa ya san sunayensu?

5. Wane mutum ne a unguwarku ake kira baƙo, kuma wa zai tsaya masa idan aka fara nuna shi da yatsa?

Muna fatan kowane reshe zai aiko da taƙaitaccen sakamakon tattaunawarsa, musamman amsar tambaya ta huɗu. Allah Ya zaunar da ƙasashenmu lafiya, Ya jiƙan waɗanda aka kashe bisa zalunci a ko'ina suke, Ya kuma tsare mu daga zaluntar wani ranar da ƙarfi ya dawo hannunmu. Amin.